Huda Huɗu

Nestan ta shigo garejina da safiyar Talata,
ruwan Kutaisi na zuba tun asuba bai huta ba.
Motarta ƙarama ce, ƙofa huɗu, launin toka,
rim ɗin gaba na hagu ya lanƙwashe
kamar bakin tsohuwar tasa.
"Ramin hanyar Tkibuli," in ji ta.
Na ce na san shi,
shekara uku ke nan ramin nan yana ciyar da ni.

Ungozoma ce. In waya ta yi kuka da tsakar dare
ita da motar nan ke hawa dutse,
ƙauye bayan ƙauye, ta gefen gonakin inabi.

Ɗan ƙaninta Otar na biye, ya rungumo wani rim
inci goma sha bakwai, alminiyum,
yana ƙyalli har kana ganin haƙoranka a ciki.
Ya saye shi a bakin kogin Rioni
da kuɗin da ya tara tun bazara.
Ban ce masa komai ba.
Na kama yatsansa na ɗora a kan hudojin.
Ƙirga, yaro.
Ɗaya, biyu, uku, huɗu, biyar.
Yanzu durƙusa ka ƙirga na motar gwaggonka.
Ya durƙusa. Ya daɗe bai ɗago ba.

Bai haƙura ba. Ya shiga bayan gareji
ya jawo wani daga tulin tsofaffi:
"To ga mai huɗu, Guram!"
Huɗu ne, ban musa ba.
Na ɗora ma'auni daga huda zuwa huda,
casa'in da takwas. Motar ɗari take so.
Milimita biyu, kaurin farce bai fi haka da yawa ba,
noti zai shiga, har ya yi maka murmushi,
amma a karkace zai zauna,
kuma wata rana a kan kwana, ga kwazazzabo a dama,
zai tuna cewa ba gidansu ba ne.
Kama da wane ba ta wane.

Saura ramin tsakiya, inda nauyi ke zama.
In ya yi faɗi, sitiyari ya kama makyarkyata,
in ya yi ƙunci, ko da guduma ba ya shiga.
Saura zurfin zama:
ya nutse ciki ya goge birki,
ya leƙo waje ya ci madigadi.
Shekara talatin da ɗaya ina wannan awo
kuma har yau ban yarda da idona ba.

Can ƙasan tuli na samo shi,
baƙin ƙarfe, inci goma sha biyar,
da tsatsa kaɗan a gefe, mummuna kamar ni.
Huɗu, ɗari, tsakiya daidai.
Ya bar wa taya tsoka mai kauri
da za ta sha dukan rami a madadin ƙashi.
Na ɗaga jak, na zura shi.
Ya zauna shiru, ba gardama.
Na ɗaure notuna a gicciye, wannan sai na gabansa,
na juya taya da hannu ina saurare.
Babu abin da ya taɓa wani abu.

Nestan na ƙirga mini lari, wayarta ta yi kuka.
Sauran canjin ma ba ta tsaya ba.
Na ga fitilun baya sun shige cikin ruwa.

Rim ɗin Otar yana nan.
Na ɗora tukunyar lemun tsami a kai, bakin ƙofa,
ya kuwa dace da ita.
Shi kuma yaron duk Asabar sai ya zo,
ya ɗauki ma'aunina ba tare da ya tambaya ba.